Jerin Littattafai Zuwa ga Ige

Ige, saƙonki ya same ni ina ɗaure ƙafar tabarau da zare.
Kin ce malaminku na Kalgo yana son jeri:
me za a karanta kan abin da ya saura
bayan Bature ya naɗe tutarsa ya tafi.
To ga nawa, ba lamba, ba tsari,
yadda suke kwance a adakar ƙarfe.

Fara da mai shuɗin bango, wanda gara ta cinye gabatarwarsa.
Ba ki yi asara ba.
Shafi talatin wani farfesa yana share fage,
bai kama kokawa ba.
Labarin wani akawun kwastan ne
da ya iya Faransanci har ya fi masu shi.
Ranar da uwarsa ta rasu ya laluba bakinsa
ya tarar kalmomin kuka duk na aro ne.

Sai siririn nan da na saya a Doso,
jaka biyu ta sefa, har da ciniki.
Waƙoƙin wata mata ce mai sayar da gishiri a bakin teku.
Tana ɓare nahawu kamar gyaɗa,
ta zubar da ɓawon a ƙofar masu harshen.
Za ki ga jan biro a gefe. Nawa ne.
Ina saurayi na zauna ina yi mata gyara,
Allah ya yafe mini.

Masu kaurin kuwa, na nazari,
nauyinsu ya kai tiyar shinkafar Suru.
Za su ce miki tsakiya da gefe,
za su ce mai kallo da wanda ake kallo,
da wanda aka hana wa baki, aka kuma tambaye shi don me ya yi shiru.
Jimla ɗaya takan kai daga Kamba zuwa Bunza.
Ki sauka a hanya, ki sha ruwa, ki koma.
Akwai gaskiya ciki, na rantse,
sai dai ki riƙa tambaya:
wannan da ke kuka dominmu,
me ya sa kuɗin littafinsa ya fi albashina na wata?

In kanki ya ɗau zafi, rufe su.
Hau mota zuwa Dole Kaina,
ki tsaya inda aka ce nan ƙasa ta ƙare.
Ƙanena Nomau yana can tsallake, taku arba'in.
Nono ɗaya muka sha,
shi ya tafi lakwal, ni na tafi boko.
Yaransa suna ce masa Mushe don girmamawa,
mu nan mushe sai angulu.
Shekara sittin muna dariyar wannan,
ban san ranar da dariyar ta fara yi mini ɗaci ba.
Akuyarsa takan ci dusa a Nijar, ta yi barci a Najeriya,
ba wanda ya taɓa tambayarta takarda.

Akwai na bakwai, ko na takwas ne,
wani jandarma ya karɓa a shingen Gaya
wai zai duba ko da siyasa ciki.
Yana dubawa har yau.
Shi ne na fi so, na kuwa manta ƙarshensa.

Shekara talatin da ɗaya ina koyar da harshen nan.
Da shi nake ƙirga kuɗi, da Hausa nake mafarki,
in na yi tuntuɓe kuwa Zabarmancin kakata ke fita.
Ban ga babin da ya yi maganar tuntuɓe ba.

Tunau direba zai kawo miki su ran kasuwa,
cikin kwalin sabulu. Na biya shi.
Kar ki naɗe kunnen shafi, kar ki ba da aro.

Mai kore-koren nan kuma, babi na huɗu,
sau tara ina shiga ina fitowa hannu wofi.
In kin gane shi, Ige,
ki zo hutu ki karanta mini.